Ƙofar Belmiro

A Porto, hawa na uku, saman shagon mai gasa kifi,
na shekara ashirin da biyu ina share abin da ba a so a gani.
Da wayar lantarki na fara.
Ta ratsa sararin wani fim na makiyaya,
na bi ta hoto bayan hoto, ashirin da biyar a daƙiƙa guda,
har sama ta koma kamar ba a taɓa kafa turke a ƙasa ba.
Ba wanda ya tafa mini.
Aikina in ya yi kyau ba ya barin sawu.

Daga nan sai fuskoki.
Wata mata ta ba da shaida a kan mai masaƙa,
aka ce in dusashe ta kada a gane ta.
Kwana tara ina shafa hazo a idonta.
Ni na san tana da tabo a gira,
na san takan ciji leɓe kafin ta ambaci ɗanta.

Mahaifiyata har ta rasu tana faɗa wa maƙwabta
wai 'yarta gyaran talabijin take yi.

Bara aka kawo mini ƙauyen da dam ya haɗiye
can arewa, a ƙugun duwatsu.
Hotuna goma sha ɗaya, taswirar haraji, wasiƙar limamin coci.
Aka ce, tayar mana da shi.
Na janye ruwa da ɗan yatsa.
Na jera dutse kan dutse, na ɗora rufin jar ƙasa,
na ƙirga matakalar coci daga inuwarta,
na sa hayaƙi a gida uku, na huɗu na bar shi a sanyi
don ba kowa ke da itace ba.
Wata bakwai. Tabarau ya ƙara kauri.

Ranar gwaji suka zo da Belmiro,
shekara tamanin da huɗu, hula a kan gwiwa.
Aka kashe fitila.
Muka gangara lungun da kyamara ba ta taɓa takawa ba.
Darakta ya tanadi hankici, tsoho bai nema ba.
Ya ce, "Tsaya. Koma baya."
Na koma.
"Gidanmu ne, ba musu. Amma ƙofar nan ƙarya ce.
Tamu ba ta taɓa rufuwa ba.
Babana a buge ya rataya ta, ta karkace,
sai an sa kafaɗa an ɗaga.
Kare ma bai taɓa neman izini ba."

Darakta ya ce babu hujja a takarda.
Haka ne. Ni ma na san ƙa'ida:
abin da ba a tabbatar ba, ba a zana shi.
To miƙaƙƙiyar ƙofar fa, wa ya tabbatar da ita?
Ni na ƙaga ta, ƙarfe biyun dare, don na gaji.

Na kwana ina ɓata aikina.
Na sassauta ƙusar sama, na saukar da gefe yatsa biyu,
na cinye fenti inda kafaɗa ke dukansa,
na ƙarce rabin da'ira a ƙasa
inda katako ya shekara yana ja.
Daƙiƙa huɗu take a fim ɗin.

A ƙasan hoton an rubuta: an sake ginawa da na'ura.
Ni na nace sai an rubuta.
Sunana na can ƙarshe, bayan na direba,
Graciete Lobão,
daidai lokacin da jama'a ke laluben lemarsu a ƙarƙashin kujera.

Jiya jikarsa ta bugo waya.
Ta ce ya ce ƙofa ta yi.
Saura kare: baƙi ne, kunne ɗaya a tsaye.
Na ce mata fim ya riga ya fita.
Ta ce ta gaya masa, ya ce ba ruwansa.

Ƙaurin kifi na hawowa ta taga.
Ba ni da hoton karen, ko ɗaya.
Na manta ban tambayi wane kunne ba.